Zangon da Matt Hancock ya shiga daji: su wa suka kai shi na uku?

Sadiya_Manchester:
Assalamu alaikum jama'a. Jiya ina rage kaya a wayata na ci karo da wani bidiyo da na ajiye tun Nuwambar 2022, daren da Matt Hancock ya shiga sansanin I'm a Celebrity... Get Me Out of Here! Na zauna na sake kallonsa har ƙarshe, kuma abin da ya tsaya mini a wuya a wancan lokacin har yau bai wuce ba.

Ga waɗanda ba su san shirin ba: tashar ITV ce ke kwasar fitattun mutane ta kai su wani daji a New South Wales ta Ostareliya, su yi mako uku suna kwana a fili, cimarsu shinkafa da wake. In suna son abinci na kirki, sai ɗayansu ya shiga gwaji cikin macizai da kyankyasai ya samo taurari, kowane tauraro kwanon mutum ɗaya ne. Masu kallo ke zaɓar wanda zai sha wahalar, su ne kuma ke zaɓar wanda zai ci gaba da zama.

Tambayata ita ce: mutumin nan shi ne ministan lafiya na Birtaniya lokacin korona. Ya sauka a watan Yunin 2021 bayan kyamara ta ɗauke shi yana rungumar mai taimaka masa a ofis, alhali shi ke fitowa kullum yana cewa a ba da tazara. Ta yaya ya kai daren ƙarshe har ya zo na uku? Yafe masa aka yi, ko talabijin ce ta wanke shi?

Abba_Kurna:
Wa alaikumus salam Anti Sadiya. Ni daga Kano na bi zangon, guntu-guntu a YouTube, saboda ba ma kama tashar. Amsata gajeriya ce: mutumin bai tsorata ba. Dare bayan dare masu kallo suka yi ta tura shi gwaji don su ga ya yi kuka, shi kuwa sai ya shiga ya fito da taurari, sansani ya ci ya ƙoshi. Wanda ya ciyar da kai, da wuya ka ci gaba da harararsa.

Anti_Nas:
Abba, ka faɗi gaskiya ta ɓangaren 'yan sansanin, amma mu da ke nan lamarin ba haka ya zo mana ba. Ni a 2020 ina aikin jinya a wani gidan kula da tsofaffi. Akwai wata tsohuwa da nake yi wa wanka kullum, tana kirana da sunan ƙanwarta saboda ruɗewa. Daren da za ta cika, ni na riƙe wayar a gefen kunnenta, ɗanta na can waje cikin mota yana magana yana kuka, hannuna cikin safa biyu, gilashina ya yi hazo ban ma ganin fuskarta sosai. Mutuwa ta Allah ce, kwananta ne ya ƙare, ban ɗora wa kowa ba. Amma wanda ya ga irin wannan, in aka ce masa ya zauna ƙarfe tara na dare ya yi dariya a kan zamanin korona, zuciyarsa ba za ta ba shi ba. Dare biyu na kalla na kashe.

Sadiya_Manchester:
Allah ya saka miki da alheri Anti Nas. Irinku ne nake tunani sa'ad da na rubuta wannan.

Baba_Dogo:
Bari in gyara wani abu kaɗan, don matasa su fahimci dalilin da ya sa ƙurar ta tashi haka. Ba tsohon minista ba ne kawai, a lokacin ɗan majalisa ne mai ci, yana wakiltar mazaɓar West Suffolk, kuma majalisa na zama. Ranar 1 ga Nuwamba labari ya fito, a ranar jam'iyyarsa ta Conservative ta dakatar da shi daga cikin 'yan majalisarta. Ku tuna mako guda kafin nan Rishi Sunak ya zama firaminista, ga tsadar rayuwa, hauhawar farashi ta haura kashi 11 a watan Oktoban. Mutane na lissafin kuɗin wuta da na gas ga hunturu na tafe, wakilinsu kuma yana Ostareliya cikin gajeren wando. Ni a nan laifin ya fi mini girma, fiye da batun rungumar. An ba ka amana, albashi na tafiya, ka bar kujera.

Kuma ba shi ya fara ba. 'Yar majalisa Nadine Dorries ta yi haka a 2012, ita ma aka dakatar da ita. Bambancin shi ne ita aka fara kora daga dajin.

Ɗan_Fagge:
Baba Dogo, nawa aka biya shi ne? Na ji wasu na cewa miliyan.

Baba_Dogo:
A'a ɗana. Fam 320,000 ne, shi da kansa ya rubuta a rajistar da 'yan majalisa ke bayyana kuɗin shigarsu. Daga ciki fam 10,000 ya bayar sadaka. Ka yi lissafi da kanka, kusan kashi uku cikin ɗari ke nan.

Ɗan_Fagge:
To ai shi ke nan, an gama magana. Neman kuɗi ne.

Maman_Iman:
Ba a gama ba Ɗan Fagge. Ni ina da yaro mai matsalar karatu, wadda haruffa ke rikice masa, Turawa na kiranta disleksiya. Hancock ya ce shi ma yana da ita, kuma don ya wayar da kan jama'a a kanta ya shiga shirin. Wallahi saboda wannan kaɗai na zauna kallo, na ce ko zan ji abin da zai amfani ɗana. Aka yi kwana da kwanaki ban ji an taɓo zancen ba, sai can wajen ƙarshe aka ɗan yi maganar. Ko shi ne bai yi ba, ko masu tace shirin ne suka yanke, Allah masani, domin awa ashirin da huɗu suke ɗauka su nuna mana abin da bai fi awa ɗaya da 'yan mintuna ba. Amma ni dai ban tashi da komai ba.

Zahra_Leeds:
Ni abin da ke ba ni haushi shi ne duk lokacin da aka tuna wannan zango sai sunan mutum ɗaya. Jama'a, Jill Scott ce fa ta ci. Matar da ta buga wa Ingila wasa 161, tana cikin waɗanda suka ɗauki kofin Turai a Wembley ranar 31 ga Yulin shekarar, sun doke Jamus 2 da 1, ta yi ritaya a watan Agusta, ta shiga daji a Nuwamba. Tun ranar farko aka hau da su saman wani dogon bene aka ce su taka wani siririn katako da ya leƙa waje, ta taka. Ba ta yi faɗa da kowa ba, ba ta yi gulmar kowa ba, in wani ya shiga damuwa ita ce ke zuwa ta zauna gefensa ta ja shi da hira har ya saki. 'Yata tana da shekara tara a lokacin, tun daga nan ta matsa sai an saya mata takalmin ƙwallo. Wannan ma ai abin tunawa ne.

Abba_Kurna:
Gaskiya ne Anti Zahra. Owen Warner kuma ya zo na biyu, yaron nan na shirin Hollyoaks da kullum zancensa yunwa. Ni shi ya fi shiga raina, saboda ba ya ɓoye abin da ke cikinsa.

Ɗan_Fagge:
Yunwar me kuma? Shinkafa da wake fa aka ba su. Wannan ai garau-garau ne, mai da yaji kawai ya rage.

Maman_Iman:
Man da yajin ai su ne abincin, Ɗan Fagge. Dafa su fari fat ba gishiri, ɗan mitsitsi a kwano, ka ci mako uku ga zafi ga aikin ɗebo ruwa da itace, sai ka ba mu labari. Dukkansu sai da suka rame, ka dubi fuskar tsohon ɗan wasan rugby Mike Tindall ranar shiga da ranar fita.

Malam_Tanimu:
Tun da an zo kan abinci, ni nan ne nake da ja da shirin gaba ɗaya, ba wannan zangon kaɗai ba. Mu ma muna cin fara, muna cin shinge in damina ta faɗi, ba abin kunya ba ne, abinci ne, ana soyawa a barbaɗa yaji a ci da bismillah. Su kuwa sun mayar da halittun Allah kayan wasa. A zuba dubban kyankyasai da tsutsotsi a kan mutum yana birgima yana murƙushe su, a cusa ɓeraye da macizai cikin akwati, duk don a yi dariya. Ƙungiyar kare dabbobi ta RSPCA ta daɗe tana kuka a kan wannan. Sai a 2019 suka daina sa mutane cin ƙwari da ransu. Tun a 2010 ma sai da aka ci tarar tashar a Ostareliya saboda wani ɓera da 'yan sansani suka kashe suka ci a zangon 2009. Dabba tana da haƙƙi a kanmu, ko ƙwaro ne.

Sannan abin da aka ba Hancock ya ci a gwajinsu shi da mawaƙi Boy George, al'aurar raƙumi da ta tunkiya da sauran abin da ba zan rubuta ba, ban ga abin burgewa a ciki ba. Wulaƙanci ne aka yi wa ado.

Zahra_Leeds:
Malam, ban musa maka ba kan dabbobin. Ni ma idan aka zo wurin cin abubuwan nan tashi nake yi in shiga kicin.

Sadiya_Manchester:
Malam Tanimu, kalmar da ka yi amfani da ita, wulaƙanci, ita ce ta dawo da ni kan tambayata. Ina ganin nan dabarar take. Mutane sun ji haushinsa, ba su da hanyar hukunta shi, sai ga manhaja a waya tana cewa danna nan ka tura shi cikin kunamu. Suka yi ta dannawa. Da suka ga ya sha, sai zuciya ta yi sanyi, kamar an biya bashi. Alhali ba a biya komai ba. Tambayoyin da ake son ya amsa, kan gidajen tsofaffi da kayan kariyar ma'aikata, wurinsu gaban kwamitin bincike ne, ba gaban Ant da Dec masu gabatar da shirin ba.

Baba_Dogo:
Kuma ya je gaban kwamitin binciken korona daga baya ya ba da shaida, a 2023. Sai dai waɗanda suka kalli wancan ba su kai ko kusa da waɗanda suka kalli dajin ba.

Usman_Peckham:
Ni zan ɗan saɓa muku, ku yi haƙuri. Na kalli daren da Charlene White ta tsare shi. Ita 'yar jarida ce, ta gaya masa gwaggonta ta rasu da korona, ba su samu zuwa asibiti ba, a wurin jana'iza ma kowa zaune nesa da kowa ba mai iya rungumar wani. Shi kuma ya ce ka'ida ya karya ba doka ba, ya ce soyayya ce ta kama shi, can kuma ya ce abin da yake nema shi ne a ɗan yafe masa. Na dubi fuskarsa a lokacin, ni dai na ga mutum ne da ya san ya zubar da mutuncinsa. Mu da aka koya mana cewa mai neman gafara ba a rufe masa ƙofa, me ya sa za mu ce lallai ƙarya yake yi? Ba mu shiga zuciyarsa ba.

Malam_Tanimu:
Usman, ba a rufe ƙofa, haka ne. Amma neman yafiya yana da ladabi. Ka ambaci laifin da sunansa, ka je wurin wanda ka ɓata wa, in akwai abin mayarwa ka mayar. Wanda ya ce a yafe masa a gaban kyamara, ana biyansa kuɗin zaman, kuma a cikin maganar yana rage girman laifin, to ya bar wa mutane wurin shakka. Sannan ba 'yan sansanin ne masu haƙƙin ba. Masu haƙƙin su ne waɗanda suka sa jirgi ya bi ta saman dajin yana jan ƙyalle mai rubutun cewa ya fita, iyalan waɗanda suka rasu.

Usman_Peckham:
Na ji Malam. Amma in da ya zauna gida shiru, cewa za a yi ya ɓuya. Ya fito, an ce ya fito neman suna. Ta ina zai bi?

Anti_Nas:
Ta mazaɓarsa zai bi, ƙanena. Ya zauna ofis ya saurari masu zuwa da takardun kuɗin wuta. Ba mai ɗauka a kyamara, shi ya sa ya fi wuya.

Hafsat_B:
Akwai abin da ba wanda ya taɓo. Ku dubi jerin korar. Charlene White aka fara cirewa, sai Scarlette Douglas, duka biyu mata baƙaƙe. Babatunde Aleshe shi ne na biyar. Ni a lokacin abin ya dame ni ƙwarai. Charlene ta ƙi kwana a motar nan mai gadaje da aka ba shugaban sansani da mataimakiyarsa, wato ita, saboda Hancock ne shugaban, daga baya ta bayyana cewa aikinta na jarida ne ya sa ta kiyaye. Aka yi ta zaginta a intanet, wai tana da iko, wai ta mallake tukunya. Matar da ta yi masa tambayar da kowa ke cewa a yi masa, ita aka fara sallama, shi kuma ya kai ƙarshe. Ku gaya mini yadda zan fassara wannan.

Zahra_Leeds:
Hafsat, na tuna an yi wannan muhawarar sosai. Sai dai a lura da yadda ƙuri'ar take: wanda kake so ya zauna kake zaɓa, ba wanda kake so ya tafi ba. Saboda haka ko mutum miliyan sun tsane ka, ba su da maɓallin korarka. In kana da 'yan tsirarun masoya masu naci, za ka yi ta tsallakewa, su kuwa masu ƙinka ƙuri'unsu sun rarrabu kan mutum goma. A daren ƙarshe da aka rage su uku, kashi 22 bai cika samu ba. Wato kusan mutum huɗu cikin biyar ba shi suka zaɓa ba.

Hafsat_B:
Wannan ya bayyana yadda shi ya daɗe. Bai bayyana mini dalilin da ya sa su biyun suka rasa masoya masu naci ba.

Abba_Kurna:
Babatunde dai ya wanke mana zuciya. Ranar farko ya hau benen nan ya leƙa ƙasa ya ce shi fa ba zai iya ba, ya janye. Wasu suka yi masa dariya, ni kuwa na ga gaskiya ce ya faɗa, tsoron tsawo ba wasa ba ne. Kuma shi ne da Hancock ya ce soyayya ce ta kama shi, ya tuna masa a gaban kowa inda hannunsa yake a hoton. Cikin raha ya faɗa, amma ta shiga.

Ɗan_Fagge:
Ni wannan duk ya tuna mini da Gulder Ultimate Search da muke kallo muna yara, wanda aka fara a 2004. Har na fitattun mutane sun yi a 2010, Emeka Ike ya ci. A gidanmu Baba ba ya so saboda kamfanin giya ne ke ɗaukar nauyi, sai mu je maƙwabta. Can nema ake yi na gaske, a bi taswira a tona ƙasa, ba cin kyankyaso ba.

Baba_Dogo:
Mahaifinka ya yi daidai, kai ne ka yi ƙetare.

Maman_Iman:
Ina Olivia Attwood? Kowa ya manta da ita. Ta yi tsalle daga jirgi da lema, kwana ɗaya aka fitar da ita saboda gwajin jini ya nuna jininta ya yi ƙasa. Da ta zauna, ina jin da zaman Hancock bai yi masa daɗi haka ba, don ba ta da rufi a baki.

Usman_Peckham:
Boy George ma ai ba shi da rufin. Daren da Hancock ya shigo tare da Seann Walsh, har hawaye ya yi yana ba da labarin mahaifiyarsa da ke asibiti lokacin kulle bai samu ganinta ba, ya ce da ta rasu da ba zai zauna sansani ɗaya da shi ba. Bayan 'yan kwanaki sai ga su suna gwaji tare. Abin da nake nufi ke nan tun ɗazu. Zama wuri ɗaya yana sauya mutum. Ka ga wanda kake ƙi kunama ta harbe shi, ka ga yana wanke tukunya, yana jiran wasiƙar gida kamar kowa, ƙiyayyar ba ta iya tsayawa yadda take.

Sadiya_Manchester:
Usman, a nan muka haɗu, a nan kuma muka rabu. Na yarda zama na sauya mutum, ni kaina akwai daren da na kama kaina ina tausaya masa, sai na ji kunya. Amma ai su masu shirya shirin sun san haka, kuma shi ma ya sani tun kafin ya hau jirgi. Chris Moyles ne kaɗai na ga bayan maganar yafiyar ya shiga ɗakin kyamara ya ce shi har yanzu bai gamsu an faɗi gaskiya duka ba.

Baba_Dogo:
Sadiya 'yata, in wanka ne, bai kama jiki ba. A watan Disamba, kwanaki kaɗan da dawowarsa, ya sanar ba zai sake tsayawa takara ba. A farkon 2023 jaridar Telegraph ta fara buga saƙonninsa na WhatsApp na zamanin korona, ƙura ta sake tashi. Abin da ya fi damuna shi ne ƙofar da aka buɗe. A ƙarshen 2023 Nigel Farage ya shiga dajin, shi ma ya zo na uku, a 2024 kuma ya ci kujerar majalisa a Clacton.

Hafsat_B:
Baba, kana ganin dajin ne ya ba Farage kujera? Ai yana da mutanensa tun kafin nan.

Baba_Dogo:
Ban ce shi ya ba shi ba. Na ce mako uku ana shigo da kai falon mutane kowane dare kana dafa wake, wannan ba ƙaramin abu ba ne ga ɗan siyasa.

Abba_Kurna:
Ni dai makon ƙarshe rabi na gani, saboda an fara gasar kofin duniya a Qatar ranar 20 ga watan, datar ta koma can. Anti Sadiya, in bidiyon daren 27 ga wata yana wayarki, inda aka naɗa wa Jill kambin furanni, ki turo mana.

Sadiya_Manchester:
Wannan ba ni da shi Abba, na shigar Hancock kaɗai na ajiye. Zahra, ke fa?

Zahra_Leeds:
Yana tsohuwar wayata, 'yata ta hana a goge. Bari ta dawo daga makaranta in sa ta nemo caja.

Anti_Nas:
In kun samu ku turo, wannan zan iya kalla.